Takobin Katako a Dandalin Eagle

Na san abin da za ku ce tun ban rufe baki ba. Wai ƙato da gemunsa ya naɗa rawani, ya rataya takobin katako, ya fito a wasan kwaikwayo ya ce shi ne Sarkin Zazzau, kuma a kira wannan darasin tarihi? To, ranku ya daɗe, ba ku ne da sallah kuke garƙame gidajenku na Gwarimpa da Kubwa ku kama hanyar Kano ba, ku tsaya cikin rana kuna ɗaga waya a Hawan Daushe? Masu sulke da lifidi da 'yan bindigar nan, yaƙin wa za su? Su ma jiya suke kwaikwayo, har UNESCO ta sa hawan Kano a kundinta a 2024, ban kuwa ji kun kira shi shirme ba.

Kun ce a bar wa littafi aikinsa. Wane littafin? An cire tarihi daga manhajar firamare da ƙaramar sakandare wajen 2009, sai a 2022 aka taru a nan Abuja aka yi bikin dawo da shi. Yaran da suka tashi a tsakani sun girma, wasu har sun zama surukanku.

Ku bar yaran ma, ku zan yi wa jarrabawa. Sau nawa kuka tsaya a Zuba sayen ayaba? Kun san nan Muhammadu Makau, Sarkin Zazzau na Haɓe, ya sauka lokacin da masu jihadi suka fitar da shi daga Zariya? Ɗan'uwansa Abu Ja ya kafa gari a 1828, garin da ya bar wa babban birni sunansa ya koma Suleja. Dokar kafa birnin kuwa ta fito ran 3 ga Fabrairu 1976, kwana goma kafin a kashe Murtala. Na hango Alhaji yana sosa ƙeya. Da an ɗora masa kaya yana ɗan aji biyar, an ce shi ne dogarin Makau, ya zagaya filin makaranta da ƙafa, da yanzu shi ke ba mu labari.

Akwai dai inda nake bayanku, wajen rabon matsayi. Kowane uba so yake ɗansa ya fito a sarki, kowace uwa 'yarta ce Sarauniya Amina. Wa zai fito a matar Gbagyi, kayanta a kafaɗa, an ce ta bar Wuse ta koma Sabon Wuse? In mai ba da kuɗin ɗinki ne zai zaɓi labari, wannan fitowar za a fara yankewa, a bar mana ganga da dawakai, a tashi ana tafi ba a koyi komai ba. Wannan shakka taku ta halal ce, sai dai maganinta ku zo a rubuta wasan da ku, ba ku zauna a majalisa kuna taɓe baki ba.

Saboda haka in makaranta ta aiko a ɗinka wa yaro kaya, a biya ba gunaguni. Kai kuma Alhaji mai gashin baki, kada ka aske, har yanzu ba mu sami wanda zai fito a Gwamna Lugga na 1914 ba.