Gwiwa ta taɓa ko ba ta taɓa ba?

Mu mutanen Dogarawa, in lokacin kokowar takobi ya zo, albasa ma sai ta yi haƙuri da ban-ruwa. Rumfar mai shayi ta cika maƙil, tele ɗaya, kai arba'in. Tsofaffi na cewa tun 1975 da aka fara gasar a Tawa, Kantu na Maradi ya ɗaga takobin farko, ba a taɓa watsewa daga fili babu mai ƙorafi ba. Jiha takwas, kowace da 'yan kokowa goma, ai dole wani ya koma gida da kumburin zuciya.

Wata shekara namu na Tawa ya kama da wani ƙato. Aka sarƙe, ƙura ta tashi, arbit ya busa usur ya ɗaga hannun wancan, wai gwiwar namu ta taɓa ƙasa. Mai sharhi a tele bai ƙara komai ba, cewa ya yi alƙali ya yanke, 'yan Tawa ba su yarda ba, ga hoton a sake kallo.

Baba mai albasa ya ajiye kofinsa har shayi ya fantsala wa na kusa da shi a wando.

"Wannan yaron ba shi da ido ne? A yi zalunci da rana tsaka, bakinsa ya kasa cewa zalunci?"

Mushe na lakkol ya ce, "Baba, Allah ya huci zuciyarka. Sau uku aka maimaita hoton, ni dai ƙura na gani. In ya ce zalunci ne, mutanen ɗaya jihar fa? Su ma telen nan tasu ce."

"To su sayi tasu!"

Mushe ba ya raina abin magana. Ya kawo labarin 2002 a Salt Lake City ta Amurka, gasar tseren sulu a kan ƙanƙara, mita 1500. Kim Dong-sung na Koriya ta Kudu ya riga kowa isa, har ya ɗauki tuta, sai alƙali ɗan Ostareliya ya ce ya tare wa Apolo Ohno hanya, aka miƙa wa Ba'amurken zinariya. A Koriya aka kira shi sata, a Amurka aka kira shi doka. Haushin bai huce ba har gasar ƙwallon duniya ta wannan shekarar, inda Ahn Jung-hwan na Koriya ya zura wa Amurka ƙwallo, ya yi murna da kwaikwayon mai sulu.

Baba ya yi shiru, muka ɗauka maganar ta shige shi. Can sai ya ce, "Ƙanƙarar da muke saye mu jefa a lemo, ita ake gudu a kanta? Allah ya kyauta."

Ni kam a daren nan bayan Baba nake, ba zan ɓoye ba. In namu ne a ƙasa, ɗan jaridar da ya tsaya tsakiya ɗan wancan ɓangare ne a idona.

Kwana biyu bayan haka wani namu ya yi nasara da irin wannan hukunci sak, ƙurar ma ta fi ta farko. Mai sharhin nan dai ya maimaita kalmominsa, ko wasali bai canza ba. Baba ya gyara hula, ya dubi mai shayi.

"Ka ji ɗan halak mai tsoron Allah. Ƙaro mini madara."