Masu Ɗinkin Hular Sanyi, Kala-Kala

Da zarar hazo ya sauka a Disamba, leɓe ya fara tsagewa, ruwan randa ya zama sai an yi shahada ake taɓa shi da asuba, sai a tuna da keken ɗinkin da ke ƙuryar ɗaki. Wani na kayan aure ne, wani na rabon tallafi ne da aka samu gab da zaɓe. Yawancinsu baƙin Butterfly ɗin nan ne mai ƙafa, ɗan Shanghai, wanda tun bara ya koma teburin ajiye kwanuka. A kwashe kaya, a kakkaɓe ƙura, a ɗiga masa mai, a ce bana yara ba za su sa hular gwanjo ba.

Kuma babu abin da ya fi dacewa da ɗan koyo irin hular yadin bargo mai laushin nan da ake kira filis. Ba ya zarewa. Inda almakashi ya bar bakinsa, nan zai tsaya. Ba gashin tumaki a jikinsa ko sili ɗaya, roba ce zalla, dangin gorar ruwan da muke sha mu yar. Masaƙar Malden Mills ta jihar Masacusets a Amurka ce ta fito da shi a 1981, mai masaƙar kuma, Aaron Feuerstein, ya ƙi yi masa rajistar mallaka. Kowa ya kwaikwaya, ya yi arha, har ya iso mana a yadi, a bargon jarirai, da rigunan sanyi na dilolin Ƙofar Wambai.

Aikin kuwa ga shi: ki auna zagayen kai ta goshi da saman kunne, ki yanko ƙyalle mai faɗin awon nan, tsayinsa wajen inci 12 in na babba ne. Ki ninka, ki ɗinke baya, ki tattare sama ki ɗaure da ɗan tsinken yadin, ki naɗo bakin ƙasa. Rabin sa'a ya ishe shi. To da yake babu wata wahala a ciki da mutum zai laɓe a bayanta, duk abin da ya lalace, halin mai ɗinkin ne ya leƙo.

Ta farko a sahu ita ce Mai Awon Ido. Tef yana rataye a wuyanta, amma don kwalliya. Aƙidarta ita ce ido ba mudu ba ne, amma ya san kima. Sai ta ƙwala wa yaro kira: "Zo nan. Juya. To, na gani, je ka." Kan jariri sabon haihuwa wajen inci 14 ne, na babba 22 zuwa 23, duk sauran jama'ar gida suna cunkushe a tsakani, kuma babu idon da zai bambance 19 da 21 a kan yaron da bai tsaya wuri ɗaya ba. Hula ta fito, ta ƙi wuce goshi. Ko gezau. "Dama ta ƙaninka ce." Ta biyu ta fito ta rufe har hanci. "Wannan kawunku na yi wa." A gidan yawa ba a taɓa kama ta da laifi, domin kowace hula akwai kan da ke jiranta. Tana da ƙanwa da ta fi ta tsari: ita ta auna daidai, sai dai ranar tsifa ta auna. Washegari aka yi shuku da ƙarin gashi, hular ta ɗare a sama tana kallon gari.

Sai Mai Tsimi, wadda ta lashi takobin fitar da hula biyar daga abin da zai ba da huɗu. Yadin nan yana da sirri guda: ta faɗi yake miƙewa sosai, daga wannan baki zuwa wancan, ta tsayi kuwa kaɗan ne. Miƙewar ita ake so ta zagaye kai. Wanda zai ja ƙyallen da hannu biyu kafin ya sa almakashi, ya gama sanin inda zai yanka. Ita ba ta wannan take ba, ta inda ba za a bar ragowa ba take kallo. Ta juya ƙyalle, ta cike kowane lungu, ta yi murmushin cin riba. Hular ta fito ba ta buɗewa ta gefe, sai dai ta yi ta tsawo sama. Ana riƙe da yaro, mutum biyu suna ja, sai ka ce ana sa wa tulu safa. Da aka yi nasara kunnuwansa sun yi jajir, girarsa ta ɗage, ya kasa ƙifta ido. "Haka ake so," in ji ta, "iska ba za ta shiga ba."

Wadda nake tausaya wa ita ce Mai Kalmasa, domin iyawa ce ta cuce ta. A atamfa ta koyi ɗinki, wurin da barin baki ba kalmasa abin kunya ne. Ta ninka bakin hula tsaf, ta matse ɗinki ƙanana-ƙanana, ta zagaye. In ka gani a hannu sai ka ce daga kanti. Ana sa wa kai sai ka ji ɓas, ɓas, ɓas. Butterfly mai ƙafa miƙaƙƙen ɗinki kawai ya sani, miƙaƙƙen ɗinki kuma ba ya miƙewa da yadi. Yadin ya buɗe, zare ya tsaya, sai ɗaya ya haƙura. A ɗinkin baya ba komai, tun da can ba a ja. A zagayen baki ne ake son zigzag, ko a ƙara tsawon ɗinki a riƙa ɗan jan yadin yana tafiya, ko ma a bar bakin haka nan a naɗe shi, tun da ba zarewa zai yi ba. Gaya mata wannan ka ji. Za ta zagi zaren zamani, ta zagi keke, daga ƙarshe ta dubi yaron ta ce kan gidan ubansu ya ɗebo.

Mai Tsoron Almakashi ba ta ɓata komai ba, don ba ta taɓa komai ba. Ta sayo yadi mai kyau tun Nuwamba. Ta auna, ta sake aunawa, ta zana da alli, ta goge. Ta ɗauki almakashi, gabanta ya faɗi, ta ce sai gobe in hankalinta ya kwanta. Ranar da ya kwanta an shiga Maris, ana neman mafici. Yadi ya koma akwati da kafur. Baɗi kan yaron ya ƙaru, a koma awo.

Ɗalibar Waya kuwa ilimi ya yi mata yawa. Ta kalli YouTube har kuɗin data ya haura kuɗin hula uku a kasuwa. Malamarta wata baturiya ce mai ɗaki guda na ɗinki, da wuƙar yanka mai taya, da tabarmar roba mai layi-layi, don haka ita ma ba za ta fara ba sai ta samu irinsu. Da ta gaji da nema ta sauko da fatan, wato zanen da ake bi a yanka hula, ta kai shagon buga takardu. Fatan ɗin Amurkawa a kan takardarsu ake tsara shi, mai inci 8.5 da 11, tamu kuwa A4 ce, ta fi tsawo ta fi siranta. Yaron shago ya danna inda na'ura za ta daidaita zane da takarda, komai ya ɗan tsuke. Akwai wani ɗan akwati a gefen zanen da aka ce a auna a tabbatar inci ɗaya ne. Ita ta ɗauka ado ne. Hular ta fito da tsari irin na Turai, ta kuma matse iri na Turai. Har yanzu tana cewa ai kan Turawa ƙarami ne.

Akwai wadda ba ta zuwa kasuwa sam. Idonta kan kayan gida yake. A yi mata adalci, dabararta tana da kyau: tsohuwar rigar sanyi ta fi sabon yadi arha, kuma bakinta na ƙasa an riga an kalmashe shi da keken masana'anta, in aka yanko daga nan an huta da rabin aiki. Matsalar ita ce ba ta tambaya. Dare ya yi, sanyi ya sauko, maigida yana lalube a bayan ƙofa.

"Wai ina bargon nan nawa mai zanen damisa?"

"Wanne fa, Maigida?"

"Guda nawa gare ni?"

Kafin ta amsa yara suka shigo yi masa sai da safe, su huɗu a jere, kowanne da kan damisa.

"Ai kai ka ce ya yi maka gajarta," in ji ta.

Mai Guga labarinta gajere ne. Ta gama hula lafiya ƙalau, ba abin da za ka kushe. Sai ta ce bari ta ɗan kwantar da ɗinkin. Ta hura gawayi a dutsen guga har ya yi ja. Roba da wuta. Aka samu tambarin dutse a gefen hula, mai sheƙi, mai tauri, aka kwana ana kankare gindin dutsen da wuƙa. Yadin nan ba ya son guga ko kaɗan, ba ya ma yamutsewa balle ya nema. Kuma wannan ba wasa ba ne ga gidan da ake jin ɗumi da kaskon garwashi: in wuta ta lashe shi narkewa yake ya manne a fata, don haka yaro mai irin hular nan a ja shi baya.

Ita kuwa Mai Ado, hular da ba a yi mata komai ba tsirara take a idonta. Ta fara da ɗan tuntu a sama. Ta ga wuri ya rage, ta ƙara kunnuwan zomo. Ta liƙa duwatsun da suka ragu daga ankon biki, ta jera maɓallai a matsayin idanu, ta ɗaura fulawa a gefe. Aka kai jariri gaida kakarsa. Hajiya ta karɓe shi, ta daɗe tana dubawa, ta ce, "'Yar nan, jikan nawa ne a ciki ko sai na nema?" Sannan ta sa farce ta ɓalle maɓallan ɗaya bayan ɗaya, don ta san duk abin da hannun yaro ya ciro, baki yake nufa. A nan kam ina bayan Hajiya.

'Yar Kasuwa ba ta gama ta farko ba, amma ta raɗa wa kamfaninta suna, ta sa hoto a WhatsApp, hoton kuma na wata ce. "Masu so a yi sauri, kaya sun kusa ƙarewa." Oda ta shigo kuwa, daga dangi. "Yaya, ki ɗinka wa 'ya'yanki guda uku, masu kalar kayan makaranta." Waɗanda aka ce 'ya'yanki ne, da wane baki za ki ce a biya? Baƙuwa ɗaya tak ta tambayi farashi, da ta ji sai ta ce a gwanjo da kuɗin nan har safar hannu za a haɗa mata.

Kada maza su ɗauka sun tsira. Akwai maigidan da bai taɓa zura zare a allura ba, amma yana tsaye a kan keke da kofin shayi yana cewa, "Da kin ɗan karkata shi." Akwai telan bakin layi, wanda ake kai wa in abu ya cije. Zai juya hular ciki waje, ya yi shiru mai ciwo, ya ce, "Hajiya, wa ya yi miki wannan?" alhali ya sani sarai. Haushin shi ne yana da gaskiya: keken yana tsallake ɗinki ne don allurar ta dakushe ko ba ta yadi mai miƙewa ba ce, kuma gashin yadin ya cika gidan ƙwarƙwaro, sai an share. Zai gyara, ya caji abin da ya fi hular. Sai gwauro ɗan acaɓa, da ba shi da keke ba shi da tef. Ya naɗa ƙyalle a kansa, ya kama da yatsa, ya yanka, ya bi da allura da baƙin zare, zaren da yake ɗinke komai da shi daga wando har kujerar babur. Gashin yadin ya haɗiye munin ɗinkin. Tasa ce za ta shekara uku.

A kowane gida kuma akan samu yarinya 'yar sakandare da ba wanda ya tambayi ra'ayinta. Manya suna gardama, ita ta ja ragowar ƙyalle ta ga inda yake miƙewa, ta auna kan autan gida, ta ɗinka, ta sa masa. Ta zauna cif. Sakamakonta shi ne hutun Disamba gaba ɗaya a kan keke, tana ɗinka wa dangin uwa da na uba kyauta, ana ce mata Allah ya yi albarka.

Masu sakawa ma suna da nasu hali. Ɗan shekara biyu zai tsaya a ɗauki hoto, sannan ya cire ya jefa a bokitin wanki. Maigida zai sa tasa ya fita sallar asuba ana kallonsa ta taga, yana shan kwana ya tura ta aljihu ya zaro kubensa, ya gwammace kunne ya daskare da 'yan sahun gaba su gani. Duk abin da ya rasa mai so kuwa, wurin Baba maigadi yake ƙarewa: mai tsawo, mai tambarin dutse, mai kunnen zomo wadda yake tura kunnuwan ciki in gari ya waye. Bai taɓa mayar da ko ɗaya ba. Uwargida ta taɓa tsayawa a ƙofa ta tambaye shi wacce ta fi ɗumi, tana fatan ya ce tata.

"Wallahi Hajiya duk suna ƙoƙari," in ji shi. "Amma ƙaramar nan da ta ƙi shiga kai ta fi aiki. In na sauke butar shayi ita nake kifa mata, har asuba da zafinsa."