Na Zama Baran Tarwaɗa a Manchesta

Zuwa ga uwargidana Kaka, a Yawuri.

Ina gaishe ki da kyau, ke da tsohon nan abokin takarata. Ki gaya masa kada ya ga na yi nisa ya ɗauka na bar masa ke.

Kin sa a tambaye ni aikin da nake yi. Da rana ɗaukar kaya nake a sito, wannan ba labari ba ne. Labarin yana gida. Mai gidan da nake haya, wani dattijon Bature, ya rage mini kuɗin ɗaki a kan in riƙa yi wa kifinsa hidima. Jikan mai banda, wanda aka yaye da kan tarwaɗa, yau shi ne baran tarwaɗa.

Ba irin tamu ba ce, dangi ne dai na nesa. Asalinta Kudancin Amurka, kogunan Amazon da Orinoko, mutanen Barazil suna kiranta pirarara. Baya baƙi-baƙi, gefe da ciki fari, wutsiya ja jawur kamar amaryar da ta kwana a lalle. Kai faffaɗa, gashin baki shida, biyu dogaye a sama, huɗu a haɓa, da su take laluben abinci a gindin ruwa, galibi da dare. A can garinsu kifi take ci da ƙaguwa, har da 'ya'yan itacen da suka faɗo ruwa. In ta samu rai da wuri tana kaiwa mita 1.8, nauyi kusan kilo 80. Ki auna da tsayin tsohonki, har da hularsa.

Inda aka cuci mai gidana a kanti ne. Ana sayar da su ba su wuce santimita 5 ba, kyawawa, suna wutsil-wutsil a cikin gilashi, mai kanti kuwa bai ga dalilin ɓata cinikinsa da dogon bayani ba. Akwai wata tatsuniya da ake yi a nan, wai kifi ba ya girma ya wuce akwatinsa. Ƙarya ce. Ko dai ya girma, ko ya nakasa ya mutu. Tamu ta zaɓi girma. Akwatin farko yana kan tebur, na biyu ya ci rabin falo, na yanzu ya kori mota daga gareji. Masana kuwa sun ce babba na son ruwa kamar lita 10,000, kuma tana iya shekara 15 ko fiye.

Ga hidimar. Ruwanta dole ya tsaya tsakanin digiri 20 da 26, a garin da ni kaina nake kwana da safa. Dattijon yakan kashe na'urar ɗumama ɗakinsa don tsimin kuɗin wuta, amma ta kifi ba a taɓa ta. Duk mako ina zuƙe wani kaso na ruwan da tiyo, in zuba sabo, sai na sa maganin kashe kulorin tukuna. In wanke matatar ruwan, in ɗiga wani sinadari a 'yar kwalba in duba ko ruwan ya gurɓace. Kaka, ruwan da muka sha muka girma ba a taɓa yi masa wannan binciken ba.

Abinci sau ɗaya a mako, don in an cika ta sai ta yi kwance, ko ta amayar, ruwan ya lalace cikin dare. Jatan lande ne da yankan farin kifi, ni nake narkar da su daga firji ina haɗiyar miyau. Ba a ba ta naman shanu, wai kitsen zai yi mata illa. Amma ita da kanta ta haɗiye ma'aunin zafi, ta dawo da shi bayan kwanaki. Tsakuwa ma duk mun kwashe. An taɓa kawo mata abokan zama, da safe ta tashi ita kaɗai, ba ta ko nuna alhini ba.

Rabuwa da ita ma ba dama. Gidajen nunin kifi sun ƙoshi da irinta, ba sa karɓa. Sakinta a kogi laifi ne a dokar Ingila, sanyi ma zai gama da ita. Na taɓa ambaton farfesu, cikin ladabi, har na kawo zancen citta da attaruhu. Dattijon ya dube ni, ya juya ya ba kifin haƙuri.

Yanzu ya ce ya ga riƙon amanata, zai rubuta a wasiyya cewa in ta Allah ta kasance ni zan gaje ta. Don Allah ki aika a tambayar mini Malam: in amana ta zama gado, ya halatta a sa mata yaji? Ki kuma faɗa mini itace nawa bandar kilo 80 za ta ci.

Angonki na gaskiya,
jikanki.