Allah Ya Saka wa Masu Aiko Mana da Shara

Duk wanda ya ce Turawa ba su da kyauta, bai taɓa tsayawa a tashar jiragen ruwa ta Tema ko ta Apapa ba. Bayin Allahn nan ba sa iya cin abu su kaɗai. Firij ya mutu a Jamus, sai a tuna da ɗan'uwa na Afirka. Kwamfuta ta daina numfashi a Ingila, sai a goge mata ƙura, a kira ta "ta hannu", a cusa ta a kwantena. Ina aka taɓa ganin zumunci irin wannan?

Sunan da suka raɗa wa abin ma ya isa a jinjina musu. Mu da ƙauyancinmu bola muke cewa, su kuwa sun ce sake sarrafawa. Uwargida a can za ta ɗauraye robar madara, ta jefa a kwandon da ya dace, ta kwanta da zuciya fara ƙal, ta ceci duniya. Kashi 9 cikin 100 ne kacal na sharar robar duniya ake sake sarrafawa, amma ai ba laifi. Ɗalibin da ya ci 9 a jarrabawa ma ya rubuta sunansa daidai. Sauran kuwa da ma akwai masu karɓa. Ƙasar Sin ta daɗe tana karɓa, har ta yi butulci a 2018 ta rufe ƙofa. Masu alheri ba su yi fushi ba, sai suka karkata jiragen zuwa Malesiya da Turkiyya.

Mu ma an daɗe ana tunawa da mu. A 1988 aka gano dubban gangunan guba daga Italiya jibge a filin wani bawan Allah a garin Koko, cikin jihar Delta ta yanzu, ana biyan sa dala 100 a wata. Dala ɗari fa! Gwamnatin Babangida, da ba ta san darajar baƙo ba, ta tilasta aka kwashe. A nan aka ga kawaici na gaske: jirgin Karin B ya yi ta yawo da kayan a tekun Turai, tashar nan ta ce a'a, waccan ta ce a'a. Kunya ce ta hana su karɓar abin da suka riga suka bayar. Abidjan ma ta samu rabonta a 2006, inda sama da mutum 100,000 suka garzaya asibiti don nuna godiya.

Wanda ke son ganin amfanin abin ido da ido, da ya leƙa Agbogbloshie a Accra kafin a rushe wurin a 2021. Yaro ne ɗan arewacin Ghana, silifas a ƙafa, sanda a hannu, yana juya dunƙulen wayoyin lantarki cikin wutar da ya hura da soson tsohon firij. Roba ta narke, hayaƙi baƙi ƙirin ya turnuƙe, jan ƙarfe ya fito, a ɗora a sikeli. Jan ƙarfen ya koma masana'anta ya zama sabuwar waya. Yaron kuma aka bar masa dalma a jini da tari a ƙirji, kyauta, ba ko sisi. Shanu na kiwo a gefe, don kada masu cin nama a gari su ce an manta da su.

Wasu masu neman ɓata zumunci sun haɗu a Basel a 1989 sun ƙulla yarjejeniyar taƙaita wannan fatauci. Amurka, da yake ta san hakkin maƙwabtaka, har yau ba ta amince da ita a hukumance ba.

Yaba kyauta tukuici. Ina roƙon 'yan jari bola na Kano, ku taimaka ku tsamo mana ledojin fiya wata da suka toshe magudanai, mu cika jirgi guda, mu rubuta masa "na hannu", mu aika Hambug. Na tabbata za su fito tarba da kiɗa.