Jinjina ga Garkuwar Makarantu

A gaishe da maza masu baƙin kaki, katangar ƙofar jami'a, dodon mai ɗaga kwali, hadarin da ba ya zubar da komai sai barkonon tsohuwa! Ƙasashe da yawa suna da 'yan sanda, amma ba kowace ƙasa Allah Ya ba wa masu basirar gane ainihin abokin gaban makaranta ba. Mai gajeren tunani zai ce ɗan bindiga ne. Namu sun daɗe da gano cewa ɗalibi ne, musamman wanda ya yago kwalin taliya ya rubuta "a rage kuɗin rajista".

Wanda bai taɓa ganin aikinsu a irin wannan rana ba ya yi asarar kallo. Kafin shugaban ɗalibai ya gama gyaran murya, motoci sun jeru a bakin ƙofa, kowane jarumi da hular kwano da garkuwa da kulki, yana fuskantar yarinya mai ɗauke da jakar littafi ba tare da ko gezau ba. Kafin azahar sanarwar magatakarda ta fito: an rufe makaranta sai abin da hali ya yi, kowa ya bar ɗakin kwana kafin ƙarfe shida. Ranar dawowa kuma sai da takardar rantsuwar zama yaron kirki da kuɗin gyaran ɓarna. Makaranta ta tsira ke nan, ba kowa a cikinta balle wani ya cuce ta.

Wannan baiwa gado ce. A ranar 23 ga Mayun 1986 aka kira 'yan sandan kwantar da tarzoma su kare Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya daga ɗalibanta, zamanin shugabancin Farfesa Ango Abdullahi. Suka kare ta da harsashi. Hukuma, saboda tsantsenin lissafi, ta ce mutum huɗu ne kacal suka mutu, sannan gwamnatin soja ta haramta ƙungiyar ɗalibai ta ƙasa, domin a hukunta mai laifi.

Sai dai jarumi na gaske ya san inda ake garaje da inda ake natsuwa. A Disambar 2020 'yan bindiga suka kora yara fiye da 300 daga makarantar kimiyya ta Ƙanƙara zuwa daji, da ƙafa, cikin dare. A Fabrairun 2021 'yan mata 279 na Jangebe suka bi sahu, a Maris ɗin 2024 kuma 'yan Kuriga. A nan runduna ta nuna halin manya: ba hayaniya, sai kyakkyawar sanarwa cewa ana bin sawu. Kuma da gaskiyarta. Ɗan bindiga bai taɓa tare hanya yana zagin minista ba, kuma jami'an da za a tura ƙauye suna can suna wani babban aikin ƙasa, riƙe wa matar mai girma jaka a wurin biki. Iyayen da ke son a tsare musu makaranta su koya wa yaransu zanga-zanga mana.

Amma kambin duk yabo yana wajen girmama kotu. Lokacin da malaman jami'a suka shiga yajin aiki a 2022, ɗalibai suka gaji da zaman gida har suka tare hanyar filin jirgin Legas, gwamnati ta garzaya Kotun Ma'aikata, ta samo umarni ranar 21 ga Satumba cewa a koma aji. Nan fa aka yi ta wa'azi mai ratsa zuciya: umarnin alƙali ba a wasa da shi, wanda ya ƙi bi ya raina ƙasa.

Bayan wata biyu, ranar 29 ga Nuwamba, Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta yanke wa Sufeto Janar na 'yan sanda Usman Alkali Baba ɗaurin wata uku saboda raina kotu. An yi wa wani jami'i ritayar dole tun 1992, kotu ta ce a 2011 a mayar masa da haƙƙinsa, runduna kuwa ta adana hukuncin shekara goma sha ɗaya cikin darajawa, ba ta bari aiwatarwa ta ɓata shi ba. Kakakinta ya bayyana cewa Sufeto bai san da umarnin ba, abin da ke nuna tsarkin kunnen shugaba daga ƙananan maganganu.

Wa zai kama mai kama mutane? An rasa ɗan sandan da rashin kunyarsa ta kai ya sa wa maigidansa ankwa. Cikin makonni kaɗan kotu ta janye hukuncin, Sufeto ya ci gaba da aikinsa na tabbatar da cewa kowa ya bi doka, ranka ya daɗe.