Injin Kama Tuntuɓen Labari da Waɗanda Suka Riga Shi Aiki

A ce yau wani haziƙi ya ƙera inji, ya ɗauko shi a bayan a-kori-kura ya sauke a Tudun Wadar Gusau. Aikinsa ɗaya ne: a zuba masa labari, na fim ko na littafi, shi kuma ya riƙe kome. Wa ya haifi wa, wa ya mutu a zango na biyu, wace ƙafa aka naɗe wa jarumi bayan haɗarin mota. Da marubuci ya kauce, sai injin ya ɗauki ƙara. 'Yan fim na Kano suna da mai wannan aiki, shi suke kira mai kwantiniti, yana tsaye bayan kyamara da littafi da biro. Amma tun da aka shiga zamanin shiri mai dogon zango, irin su Daɗin Kowa na Arewa24, da Kwana Casa'in da aka fara a 2019, da Labarina na Aminu Saira a 2020, kayan suka fi ƙarfin biro guda. Sai dai mai injin nan asara zai tafka a Zamfara. Wasu sun daɗe suna yin aikin kyauta, wasu kuma ran farko za su ƙona masa shi.

Na farko shi ne Malam Mai-ƙidayar-hula. A teburin mai shayi ake samun sa, ya kafa wa wayar wani ido. Ana tsaka da kuka a fim, uwa ta rasa ɗanta, kowa ya yi tsit, sai ka ji ya daka tsawa: "Kai, tsaya! Maido baya! Wagga hula ba ita ta ba!" A mayar, a duba. Gaskiyarsa ce: Alhaji ya shiga ɗaki da zanna bukar, ya juyo da dara. Ka tambaye shi abin da shirin ya ƙunsa, bai sani ba. Amma ya san agogon ya tashi daga hannun hagu ya koma na dama, ya san kofin da aka shanye ya sake cika ba wanda ya zuba. Shayinsa kullum sai ya huce.

Wadda ta fi shi hatsari ita ce Hajiya Mai-nasaba, ta wani gida a Bungudu. Ita ba ruwanta da hula, dangantaka take riƙewa. Ta san mutanen garin Daɗin Kowa gida-gida, ta san wanda ya saki wa da wanda ake bin bashi. Siyasar jihar Alfawa ta Kwana Casa'in kuwa, jihar da babu ita a taswira, ta fi ta jiharta zama mata a ka. Lokacin da Nafisa Abdullahi ta bar Labarina aka ba Fati Washa matsayin Sumayya, Hajiya ba ta karɓa ba. Jikarta ta ce, "Hajiya, Sumayyar ce fa, 'yar wasan aka canza." Ta ce, "Ke 'yar nan, ni za ki gwada wa Sumayya? Wagga dai baƙuwa ta, a tambaye ta inda ta kai yarinyar mutane." Har yau a wurinta maganar ba ta mutu ba. A ganina ita ce mai kallo ta gaskiya, domin ita kaɗai ta ɗauki mutanen cikin labarin a matsayin mutane.

Sai Lauyan Darakta, wanda ba a taɓa biya ko sisi ba. Duk ɓarakar da aka gano, yana da amsa a aljihu. Hula ta canza? Ai mai kuɗi ne, a ɗakin ya sauya. Wanda aka binne ya dawo? To wa ya ga gawar da idonsa? Shi da Mai-ƙidayar-hula benci ɗaya suke zama, kuma ba ranar da suke rabuwa lafiya.

Waɗannan dai injin zai iya zama da su. Wanda zai fara sa shi hayaƙi shi ne Mai-ƙari. Shi ya kalli shirin daren jiya, saura ba su kalla ba, don haka filin nasa ne. Kasuwarsa ta buɗe sosai a Satumban 2021, da aka katse layukan waya a Zamfara, masu bin shiri ta YouTube suka koma jiran na baki. A mota ya fi ƙwarewa. Da an tashi daga Gusau za a Tsafe sai ya buɗe labari, kuma tsawon labarin daidai da tsawon hanya. Kafin a kai Kwatarkwashi ya aurar da jaruma. In direba ya tsaya shan mai, sai ya yi mata kishiya don kada a zauna shiru. Wani fasinja ya ce, "Malam, ɗazun ka ce mijin ya mutu." Ko gezau: "Suma ya yi, ɗan'uwa, ka bari in kai." Wannan jikan Malam Zurƙe ne na Ruwan Bagaja, littafin da Abubakar Imam ya shiga gasar 1933 da shi, kuma irinsa ba ya ƙarewa.

Ƙanwarsa a sana'a ita ce marubuciyar WhatsApp, mai sakin shafi kullum dare tsakanin girki da shanya. Yayan jaruma ya fara littafi yana Faruk likita, ya ƙare yana Fahad matuƙin jirgi. Cikin da aka samu da azumi an haife shi kafin babbar salla. Masu karatu su yi ca, ita kuwa ta ce ta gode da sharhi, a ci gaba da biyan kuɗin shiga.

Ta ƙarshe, wadda ba injin da zai kwana a hannunta, ita ce Kaka. Jiya da dare Gizo ya faɗa rijiya, kura ta cinye shi, an yi ƙurunƙus. Yau ga shi garau yana yi wa Ƙoƙi wayo a kan tuwo. Wani jika mai kaifin ƙwaƙwalwa ya ce, "Kaka, ba jiya ya mutu ba?" Ta ce, "In ba ka so, tashi ka kwanta." Shari'a ta ƙare. Shekaru aru-aru Gizo na mutuwa yana tashi, ba yaron da ya fasa zuwa jin tatsuniya saboda haka, domin abin da aka riƙe masa halinsa ne: kwaɗayi, wayo, da tsamin baki. Ranar da Kaka ta mai da Gizo mai kunya da gudun abin hannun mutane, ranar yara za su watse.

Saboda haka Kaka a ƙyale ta, Mai-ƙari kuma ba mai iya masa. Amma ku masu fim na Kano da kuke karɓar kuɗin talla, ku ba ku da wannan uzuri. Ku riƙa biyan mai kwantiniti haƙƙinsa, ku kuma saurare shi in ya ce a sake ɗauka, domin a Gusau akwai mai ƙirga muku huluna.