Mutanen Layin "Babu Sabis"

Duk mai shirya fim a Kannywood da labari ya ƙare masa, ya ɗauki kyamara ya nufi Anka, Gummi ko Bukkuyum, ya tsaya ƙofar inda ake rajistar NIN. Tun Disambar 2020, da gwamnatin tarayya ta ce a haɗa layin waya da lambar, 'yan wasan suna nan, kuma ba sa neman ko sisi.

Jarumin fim shi ne Malam Babu-Sabis. Yana bayan kwamfuta, idonsa na kan wayarsa, wadda ita sabis ba ya ɗauke mata. In sabis ya dawo, janareta ba mai, in an sayo mai, an kira salla, in an idar, "Baba, ku dawo Litinin." A Satumbar 2021, da aka rufe layukan waya a duk Zamfara saboda 'yan bindiga, masu POS suka naɗe lema, a makonnin nan ne kawai bawan Allah ya faɗi gaskiya.

Sai Baba Manomi, wanda fartanya ta cinye wa zanen yatsu. Ya tsufa yana noma a fadamar Gummi, kowa ya san shi ban da na'ura. A shafa basilin, a goge, a danna, shiru. Mai haƙar zinare daga Bagega ma haka.

Akwai Mai Suna Uku: Muhammadu a makaranta, Mohammed a banki, Mamman a gida. Kwamfuta ta yanke hukunci cewa mutum uku ne, sai ya je kotu ya rantse shi ne shi. Rabin layin kuwa ranar 1 ga Janairu aka haife su. Ungozoma ta sha aiki ran nan!

Na-San-Oga yana gindin darbejiya, ba shi da tebur, amma takardarsa ce ke fara fita. Na goro kawai yake karɓa.

Wanda ya fi ban tausayi shi ne Marigayi Mai Rai, ɗan fansho da ya zo tantancewa kwamfuta ta ce ya rasu. Ga shi tsaye yana tari, akawu ya dube shi ya ce, "Ka yi haƙuri, Baba, sai ka kawo takardar shaidar kana da rai." Wanda zai sa hannu a takardar kuma ya tafi Gusau taro.

In gobe kai ne a layi, mai karatu, tafi da tabarma da buta, ka kuma yi sallama da iyali.